Ƙasa Tawa, Ɗorawa ta Gwaggo

Ni ɗan hatsi ne. Da dako na fara a kasuwar Ƙanƙara, ina ɗaukar buhunan mutane a ka, har Allah ya sa na fara sayen tiya-tiya ina tarawa. Yau ina cika mota da masara daga Faskari da Sabuwa. Ban yi boko ba, amma in ka kwance mini bakin buhu na zura hannu, zan gaya maka ko masarar ta bushe ko an yi mata gaggawa, in kuma gaya maka inda kuɗinta zai kai kafin damina. Na faɗi haka ne don a san ni ba mutum ba ne da farashi ke razanawa. Amma akwai wani farashi da na ji da kunnena a tsakiyar gonata, wanda har yau in na tuna shi sai na ajiye abin da ke hannuna.

Gonar tana bakin hanyar ƙauyenmu, a ƙasar Ƙanƙara. Asalinta ta kakana ce. Da ya rasu aka zo rabon gado, mahaifina da ƙannensa suka ɗauki ƙasa. Yayarsu, wadda muke kira Gwaggo, ita kaɗai ce mace a cikinsu, kuma da aka zo kanta ta ce ba ta son ko taki ɗaya, a bar mata ɗorawa biyar da ke tsakiyar gonar. A wurinmu wannan ba baƙon abu ba ne. Ƙasa daban, itace daban. Kana iya noma gona shekara da shekaru alhali tsamiyar da ke cikinta ta wani ce, kuma ko ɗanka ya tsinka sai ka ba da haƙuri.

Da na fara samun abin hannu, 'ya'yan baffannina suka riƙa sayar mini da kasonsu ɗaya bayan ɗaya, har gonar ta dawo hannuna gaba ɗaya. Duk lokacin da aka yi ciniki a gaban mai unguwa sai ya maimaita magana guda, da ƙarfi, don shaidu su ji: "An sayar maka da ƙasa, ban da ɗorawa." Ni kuma in ce na ji, na yarda.

Da waɗannan itatuwa Gwaggo ta riƙe kanta tun rasuwar mijinta. In bazara ta yi, sai ka gan ta da matan unguwa da dogayen gora masu ƙugiya a baki, suna sauke ɗorawa. Ba abin da take zubarwa. Garin nan rawaya yara su saya su lasa. Ɓawon, wato makuba, masu daɓe da masu shafen katanga su zo su ɗiba. Ƙwayar kuwa, kalwa, ita ce uwar dukiyar. Ta dafa ta kwana a wuta, ta sussuke, ta wanke, ta rufe da ganye har ta yi wari, sannan ta kirɓa ta mulmula. Daddawarta ba ta zuwa kasuwa, gida ake biyo ta. Ban taɓa jin ta roƙi ɗa ko ɗan'uwa kuɗin gishiri ba, kuma da wannan take taƙama, ba ta ɓoyewa. Ita ke ba da gudummawa a biki, ba ita ake ba ba.

Kowace shekara takan aiko mini da daddawa cike da kwanon sha. Ta ce kuɗin inuwa ne, tunda dawa ba ta yin kirki a ƙarƙashin ɗorawa. Nakan ce, "Gwaggo, inuwar nan ta fi kwano ɗaya." Ta ce, "To ka kai ni ƙara wurin ubanka."

Ɗanta namiji guda ne, sa'ana, ɗan kabu-kabu. Shi ɗan mace ni ɗan namiji, saboda haka taubasai muke, ba ma haɗuwa mu rabu ba mu tsokani juna ba. Ina kiransa bawana, shi kuma ya kira ni Alhajin Buhu. Mutum ne mai son mahaifiyarsa ƙwarai, wannan ba na musu. Matsalarsa ɗaya, duk labarin da ya ɗauko a bayan babur sai ya sauke shi a matsayin gaskiya.

Wata shekara bayan an gama kaka, muka wayi gari muka ga turaku da jan fenti an kakkafa su a layi, sun shiga cikin gonaki. Nawa sun ratsa ta bayan ɗorawar, wato itatuwan duka biyar da fiye da rabin gonar sun faɗa ciki. Aka tara mu a ƙofar gidan mai gari aka ce gwamnati za ta faɗaɗa hanya ta miƙar da ita, za a biya diyya, masu ƙiyasi za su zo. Iyakar abin da aka ce ke nan. Ba wanda ya ce ga abin da za a biya, ba kuma wanda ya tambaya, don a kanmu tambayar ba ta da wuri. In an karɓi gonarka an ce za a biya ka, ai kuɗin gona ke nan. Ni kaina abin da na ɗauka ke nan, kuma gaskiya na yi murna. Na san abin da filin bakin hanya ke yi, na riga na gina sabon sito a zuciyata.

Sai magana ta ɓulla a wurin mai shayi. Wani da ya taɓa yin leburanci a aikin hanya ya ce shi ya gani da idonsa, in katafila ta zo ba ta san mangwaro ba, ba ta san tsamiya ba, turewa take yi, leburori su sassare su sayar wa masu gawayi su sa a aljihu. Maganar ta shige mutane. Kowa ya ce to, tunda kuɗin ƙasa za a ba mu, itace kuwa a banza zai tafi, gara mu ci abinmu da hannunmu. Kafin a ce haka masu injin yankan katako sun sauka, masu gawayi na biye da su. Tun safe ba ka jin komai sai kukan inji. Mangwaro, tsamiya, kaɗanya, bedi, duk abin da ke cikin jan fenti aka shiga kwantar da shi.

Ranar kasuwa taubashina ya faka babur a gaban rumfata.

"Alhajin Buhu, kai kaɗai ka rage. Kowa ya sare nashi, kai kana nan kana ƙirga tsaba."

"Bawa, ina ruwana da itacen da ba nawa ba? Ni ƙasa na saya."

"To ai na tsohuwa ne, ni kuma ɗanta."

"Ɗanta ne kai, ba magajinta ba tukuna. Ko ka gaji da jira?"

"Allah ya tsine wa bakinka," ya ce yana dariya. "Ni taimakonta nake so in yi. Kana so katafila ta ture mata su ta tashi a tutar babu?"

Na ce ya je ya tambaye ta, abin da ta ce shi ke nan. Ya je. Daga baya matarsa ta gaya wa matata yadda aka yi. Lokacin itatuwan sun yi fure, jajayen tuntayen nan suna reto a jikinsu, kuma furen ya yi yawa a shekarar. Gwaggo ta ce masa, "Ba a yanka mai ciki. In gwamnati za ta ture, ta ture da hannunta, ita da Allah. Ni dai sai na sauke ɗorawata." Ya yi ta lallashi, ta ce ya tashi ya ba ta wuri.

Cikin kwanakin nan jikarta ta haihu a Faskari, Gwaggo ta tafi zaman jego. Ni kuma na wuce Damari ta ƙasar Sabuwa sayen masara, motar da za ta kwaso kayan ta lalace, ga hanya ba a binta yadda aka ga dama, sai na daɗe fiye da yadda na yi niyya.

Ranar da na dawo, a bayan babur nake, muka wuce gonata ban gane ta ba. Wallahi sai da muka gota na ce wa mai babur ɗin ya tsaya, ina ganin kamar mun ɓata hanya. Tun ina ɗan ƙarami, in na hango duhun itatuwan nan na san na iso gida. Yanzu sarari ne fetal, sai ka hango har dutsen da ke can bayan ƙauye. Na sauka na taka. Kututture huɗu, kowanne faɗinsa ya isa mutum ya shimfiɗa buzu ya yi salla, jan ruwa na tsattsafowa daga jikinsu kamar jini. Furannin nan an tattake su a ƙasa, ga garin katako ko'ina. Ɗaya kaɗai ke tsaye a gefe, ita ma an fara yi mata tsaga a gindi aka bari.

Na sami taubashina a ƙofar gidansu, fuska a kumbure, ido ɗaya a rufe.

"Wa ya yi maka wannan aikin lada?" na ce.

"Zuma. Ashe ta ƙarshen nan akwai zuma a kogonta. Mai injin yana sa mata baki suka fito mana, ya yar da injin ya bi gona da gudu. Ba don su ba da na gama aikin."

"Ba ta ce kada ka taɓa ba?"

"Tsohuwa ce, ba ta san yadda duniya take ba. Zo ka gani." Ya ja ni cikin gida ya nuna mini tunkiya da ɗanta a ɗaure, ga kwanon rufi sabo a jingine da bango. "Duk nata ne. Ko sisi ban ci ba. Ɗakinta na yoyo, in ta dawo ta tarar na rufe mata. Wannan bai fi a bar wa leburori ba?"

Na dube shi. Tsakaninsa da Allah yake magana. A lokacin ni ma abin da ya dame ni kawai shi ne an karya maganar tsohuwa. Ban san akwai abin da ya fi wannan yana tafe ba.

Masu ƙiyasi sun zo da hantsi, bazara ta fara kankama. Mota biyu, ɗaya ta jami'an tsaro, kuma tun saukarsu suka ce sai sun bar yankin kafin la'asar. Babbansu dattijo ne mai furfura a gemu, mai ladabi, ya gaisa da kowa da hannu biyu. Duk masu gonaki muka bi shi a baya kamar masu rakiyar ango. Aka fara da gonar wani tsoho maƙwabcina wanda ya sare mangwaro masu yawa da ya dasa da hannunsa tun yana saurayi. Dattijon ya tsaya ya duba gabas ya duba yamma, ya ce wa na kusa da shi, "Babu komai a nan." Ya yi gaba.

Tsohon ya bi shi da sauri. "Ranka ya daɗe, ba ku auna ba."

"Me za a auna, Baba?"

"Gonar mana."

Sai dattijon ya tsaya ya juyo ya dube mu duka, kamar yanzu ya fahimci wani abu. Ya ce, "Ba a yi muku bayani ba? Ƙasa ba a biyan kuɗinta. A doka ƙasa tana hannun gwamnati, amana ce, ku kuna amfani da ita ne. Abin da ake biya shi ne abin da ke kanta. Gini, ko rijiya, ko shuka da ke tsaye, ko itace mai amfani. Mangwaro, ɗorawa, tsamiya, irin waɗannan."

Na sha ganin kasuwa ta faɗi a rana ɗaya, na ga mutane sun yi asarar motar hatsi, amma ban taɓa ganin asara irin ta wannan lokacin ba. Muna tsaye a tsakiyar fili, duk inda ka juya kututture ne. Abin da za a biya shi muka sare da hannunmu muka sayar wa masu gawayi a kuɗin banza. Abin da muka zauna muna jiran kuɗinsa kuwa, an ce ba namu ba ne tun asali. Ga shi rani ne, ba shuka ko ɗaya a tsaye, sai guntayen karan dawa. Tsohon nan ya zauna daɓas a kan kututturen mangwaronsa yana salati.

Sai hayaniya ta ɓarke. Kowa na jan dattijon ya zo ya ga kututturensa.

"Ga shi nan ɗanye, ranka ya daɗe, taɓa ka ji!"

"Na gani. Amma kututture ba itace ba ne."

"Jiya-jiya yana tsaye!"

"Kun sayar, kun karɓi kuɗi. In na sa shi, an biya ku sau biyu ke nan, ni kuma a tambaye ni."

Na matsa gaba na ce, "Ranka ya daɗe, ni ɗan kasuwa ne. In zan sayi kayan mutum nakan faɗa mashi tun farko, ga abin da nake so, ga abin da ba na so. An kafa turakun nan tun kaka. Mutum ɗaya ya gagara zuwa ya ce mana kada ku taɓa itace?"

Ya ce, "Alhaji, gaskiyarka. Amma ni yau aka turo ni, kuma abin da na tarar a tsaye shi zan ɗauka."

"To ƙasar fa? Ni da kuɗina na saye ta, gaban mai unguwa da shaidu. Ba gwamnati ce ta ɗauki buhu a ka ta tara kuɗin ba."

"Wannan sai ku kai kuka sama. Wani lokaci akan duba a ba mutum wani wuri."

Aka iso gonata. Ya ɗaga kai ya dubi ɗorawa guda da zuma ta tsare, ta yi 'ya'ya jingim, har rassan sun sunkuya. Ya ce ɗorawa ɗaya, ya tambayi sunana. Na ce ba tawa ba ce, ta gwaggota ce, ni ƙasa kawai na saya.

"Gonar ta wa?"

"Tawa."

"To itacen naka ne."

"A'a, ranka ya daɗe. Ƙasa tawa, ɗorawa tata. Ga mai unguwa nan, tambaye shi."

Mai unguwa ya tabbatar. Dattijon ya yi murmushin gajiya ya ce su a wurinsu gona ɗaya suna ɗaya ne, in kuɗi ya fito mu sasanta a gida. Na ce to, yanzu an ce ƙasar da na saya ba tawa ba ce, itacen da ban saya ba kuma nawa ne. Wasu suka yi dariyar da ba ta kai ciki ba.

Sannan na tambaye shi nawa ake biyan ɗorawa. Ya faɗa. Na ɗauka kuɗin shekara ɗaya yake nufi, na ce to na shekara nawa za a ba ta? Ya ce ai shi ke nan, gaba ɗaya, sau ɗaya.

Nan ne na ji abin da na faɗa da farko. Ina sayen kalwa a kasuwa, na san kuɗin tiya. Na ɗaga kai na dubi abin da ke rataye a itacen nan, na auna da ido yadda nake auna kaya. Kalwar da ke kanta a wannan shekarar kaɗai ta fi kuɗin da ya faɗa, ban da gari, ban da makuba. Itacen da ya girmi mahaifina, wanda in an bar shi zai ga jikokina. Na gaya masa haka. Ya ce bai musa ba, amma farashin daga sama yake zuwa, kuma duk ɗorawa ɗaya ce, babba da ƙarama. Na ce ni ko masara ba na saye haka, sai na buɗe buhu na duba. Ya ce, "Alhaji, rana na yi." Suka shiga mota.

Na waiga neman taubashina. Yana can tsugune bayan babur ɗinsa, ya dafe kai da hannu biyu. Ba don kuɗin kututture huɗu ba, don ko an biya su ba wani abin kirki ba ne. Ya dai gane cewa da ya bar su, da uwarsa ta sami diyyarsu komin ƙanƙantarta, ta kuma sauke ɗorawar da ta fi ta kowace shekara yawa, tunda ga shi har bazara ta yi katafila ba ta zo ba.

Ba wanda ya iya aika wa Gwaggo labari a Faskari. Da ta dawo, a mota ta gani, kamar yadda na gani. Ba ta shiga gida ba. Ta ajiye ƙullin kayanta a bakin hanya ta nufi gonar da sandarta. Aka zo aka kira ni, na same ta tana bin kututturen ɗaya bayan ɗaya tana dafawa. Ta ce wannan ita ce mai zaƙin gari. Wannan ita ke riga kowa nuna. Wannan sai ta huta shekara guda sannan ta yi. Wannan a gindinta aka yi rabon gado. Ɗanta na tsaye nesa kaɗan, ya kasa matsowa.

Ta ɗago ta dube shi. "Da furen kuka kwantar da su?"

"Inna, na ɗauka..."

"Tambayarka na yi. Da furen?"

"Da shi."

Ba ta yi kuka ba, ba ta yi masa baki ba, da ma abin da nake tsoro ke nan. Ta ce kawai ya kwance tunkiyar nan ya fitar mata da ita daga gida, kwanon rufin ma ya san inda zai kai shi. Ya ce don ita ya saya. Ta ce, "Ni na aike ka?" Damina ta zo ɗakinta na yoyo, ta riƙa tara kwanoni, kwanon rufi na jingine a zaure yana tsatsa.

Na ɗauki maganar a kaina. Muka haɗa kai da masu gonaki, ni ne mai mota da bakin magana, muka yi ta zirga-zirga ofis-ofis. Buƙatarmu uku: a sa kututture a lissafi tunda ba a gargaɗe mu ba, a ƙara kuɗin itace, a ba mu madadin ƙasa. A ko'ina ana karɓarmu da mutunci, a ba mu kujera, a ce magana tana sama. Wani ya ce mu ɗauki lauya. Na je na ji abin da lauya zai ci, na ga ya fi abin da muke nema, na dawo na gaya wa mutane gaskiya. Wasu suka ce an saye ni. Tsohon nan mai mangwaro ya daina gaishe ni na wani lokaci. Ban ji haushinsa ba, dole mutum ya sami wanda zai ji haushi, kuma ni ne kusa.

Abu ɗaya ya yiwu, shi ma ba ofis ne ya ba mu ba. Aka samu mai ɗibar zuma ya yi wa kogon hayaƙi, Gwaggo ta zo da matan unguwa da gorarsu suka sauke 'ya'yan itacen ƙarshe tas. Bayan damina katafila ta zo. Ban je kallo ba. An ce ba ta daɗe a kanta ba.

Kuɗin ya daɗe bai fito ba, har mun fid da rai, sai ga shi ya shigo da sunana. Na cire na kai wa Gwaggo har ɗaki. Ba ta karɓa ba. Ta ce kalwarta ta ƙare, masu sayen daddawa na ta sallama tana ba su haƙuri, in je in sayo mata kalwa da shi duka. Ta ce, "Kai ne ɗan kasuwa. Ni ban san yadda ake sayen kalwa ba." Ta faɗe shi ne kamar abin kunya. Mace ta tsufa tana daddawa, ba ta taɓa tsayawa gaban mai awo ba.

Na je na taya, na matsa wa mai kayan iya matsawa. Abin da kuɗin itacen ya saya bai cika buhu ba. Na tsaya ina kallon buhun nan mai saɓule wuya, na ce wannan ba zan iya kai mata ba. Na sa hannu a aljihu aka cika shi. Da aka sauke a tsakar gidanta ta dubi buhun ta dube ni.

"Ɗan ƙanena, ɗiyan Faskari sun faɗa mani kuɗin tiya. Ka ƙara."

"Kuɗin daddawar da na ci a baya ne, Gwaggo."

"Wancan kuɗin inuwa ne, an biya an gama. Ɗauko tiya."

A gabana ta sa aka auna nata aka ware, sauran ta ce in kwashe. Na ce ta karɓa bashi. Ta ce wanda ba shi da itace da me zai biya bashin kalwa? Na kwashe na fita. Abin da aka biya ta na ɗorawar kakana bai kai ta ƙarshen rani ba.

Hanya ta yi kyau, ba zan ɓoye ba. Motocina na wucewa ta kanta, kuma taya na daɗewa. In mun zo daidai wurin direbana ba ya sanin komai, ni kaɗai na san muna tafiya ne a kan mai zaƙin gari. Madadin ƙasa har yau magana tana sama.

Da bazara ta zagayo ban sa ran komai ba, tunda ba inuwa ba gonar kirki. Sai ga taubashina a rumfata da kwanon sha a rufe, ya riƙo shi da hannu biyu. Shi ne karon farko da ta aike shi tun ranar nan. Ya ajiye a kan buhu ya ce, "Inna ta ce a kawo maka. Ta ce ka ci da haƙuri."

Na buɗe. Tun kafin in kai hanci na gane. Launin ya yi fari-fari, warin bai da nauyi. Daddawar waken suya ce, irin wadda ake tallanta a kowace tasha.

"Wa ya saya mata waken?" na tambaya.

"Ni," ya ce, yana kallon ƙasa. "Makon jiya ta kira ni ta ce in ba ta kuɗin tiya biyu."

Na rufe kwanon. Ya tsaya kaɗan ko zan ce wani abu, ni ma ina jira ya ce Alhajin Buhu. Bai ce ba, ni ma ban kira shi bawa ba. Ya tada babur ya tafi, na bi shi da ido har ya hau sabuwar kwalta.